Gajeren fim na barkwanci daga Ruwan Bagaja, Shaihu Umar ko Alhaki Kuykuyo Ne: wa za a yi wa dariya?

Sagir Fagge:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambaya gare ni ga marubuta da daraktocin da ke cikinmu. In za a ɗauko ɗaya daga tsofaffin littattafan nan da aka daɗe ana ja-in-ja a kansu, a mayar da shi gajeren fim na barkwanci, minti goma zuwa sha biyu, a ɗora a YouTube, ta ina ake farawa? Uku ake ta ambata: Ruwan Bagaja, Shaihu Umar da Alhaki Kuykuyo Ne. Wanne zai ɗauki dariya, wanne kuma zai jawo wa mutum zagi ko sammaci?

Malam Ɗanjuma:
Wa alaikumus salam. Sagir, fara cire wa ranka cewa littafi za ka mayar fim. Shafi ɗaya na rubutun fim kusan minti ɗaya yake ci, barkwanci ma yakan ɗara haka, don sai an riƙa dakatawa ana barin dariya ta sauka. Ke nan shafi goma ne a hannunka. Yawon da Alhaji Imam, jarumin Ruwan Bagaja, ya yi gari-gari yana neman ruwan Bagaja ba zai shiga shafi goma ba. Masu gwadawa sukan ƙare da mai ba da labari yana ta zuba a kan hotuna, mutane na shiga suna fita, ba wanda ya zauna har aka san shi, balle a yi masa dariya.

Karo ɗaya za ka ɗauka. Da tawa za a bi, wurin nan ne da Imam ya zama malamin ƙarya a ƙauye, Malam Zurƙe ya zo zai tona masa asiri, shi kuma ya zana wani lanƙwasasshen abu ya ce Zurƙe ya karanta. Zurƙe ya yi ta kiran sunayen baƙaƙe, Imam ya ce ai jinjirin wata ne, 'yan ƙauye suka duba suka ga wata ne kuwa, suka yi wa mai ilimin ature.

Ga yadda zan raba lokacin. Minti ɗaya da rabi na farko a ga Imam zaune kan buzu ana kawo masa sadaka, mai kallo ya gane bai san komai ba tun kafin kowa a ƙauyen ya gane. Zuwa minti na huɗu Zurƙe ya iso ya ji ɓarna. Daga nan zuwa na tara gasar ce kawai, kada ka yi mata rowar lokaci. Minti biyu na kora. Minti na ƙarshe Zurƙe a bayan gari yana kakkaɓe riga yana ƙulla ramuwa. Wuri uku, masu magana biyar: su biyun, mai gari, bafaden da ke amsa duk abin da mai gari ya faɗa, da wata tsohuwa ko yaro da za ka ƙara daga kanka, wanda shi kaɗai ya ga ƙaryar amma ba mai sauraronsa.

Ustaz Kabiru:
Allah ya gafarta Malam, a nan gizo ke saƙar. A takarda, mai karatu yana cikin kan Imam, ya san damfara ce yake yi. A fim abin da ido zai gani shi ne mutum mai rawani da gafaka ana binsa da duka, jama'a na tafi. Littafin ya fito a 1934, an karanta shi a makarantu shekara da shekaru ba wanda ya tayar da hankali, amma hoton malami a ƙasa daban yake da labarinsa. Wanda bai taɓa buɗe littafin ba cewa zai yi 'yan fim sun zagi malamai.

Malam Ɗanjuma:
Gaskiyarka Ustaz, amma duba wa ke da gaskiya a wurin. Zurƙe ne ya yi karatu. Abin dariyar shi ne taron da ya ɗauki ƙarfin murya a matsayin ilimi. In darakta ya sa Zurƙe ya zama wawa, yana tuntuɓe, gemun roba na faɗuwa, to ya juya labarin, kuma zagin da za a yi masa ya cancanta. Ɗan wasan da zai fito a Zurƙe kada ya yi abin dariya ko ɗaya. Ya yi wasansa da gaske kamar a fim ɗin tarihi yake. Natsuwarsa ce za ta sa haukan sauran ya fito.

Ustaz Kabiru:
To in haka ne akwai sharuɗɗa. Kada aya ta shiga, ko a baki ko a rubuce. Allon da za a riƙe a bar shi wankakke, don a wurin turereniya faɗuwa zai yi a taka shi. Zanen a yi shi a ƙasa, ba a allo ba. In Imam zai yi karatun ƙarya, ya jero sunayen garuruwa ko na kayan miya da rauji, kada a ɗauko karin tilawa ko salon mai jan baƙi a wurin tafsiri. Sa'annan kada muryar Zurƙe ko naɗin rawaninsa ko tabaransa su yi kama da na wani malami da ke raye.

Wani abu da zai taimaki darakta: a rubutun Warshu da almajiranmu ke yi, nun ara ba a ɗiga mata ɗigo. Don haka lanƙwasa ɗaya tana iya zama nun ara, tana iya kama da lam ara ko ra in an ja ta, kuma tana kama da wata. Wanda zai zana a kawo gardi ya yi, kada a bar wa ɗan boko da zai ɗora ɗigo ya kashe wasan.

Hadiza Mai Kyamara:
Madalla Ustaz, wannan ya warware min rabin aikin. Fim ɗin gaba ɗaya a kan zanen nan ya rataya, to sai an ɗauke shi ta fuska biyu. Zurƙe ya tsaya ta gefen da abin yake harafi, 'yan ƙauye su tsaya ta gefen da yake wata. A ɗauka ta kafaɗarsa, a ɗauka ta kafaɗarsu. Mai kallo zai ga kowa abin da ya gani ya faɗa, nan dariyar take.

Abin da ke ɓaci shi ne zanen ba ya fitowa. Busasshen yashi da rana tsaka fari fat yake zama a kyamara. A yayyafa ruwa, a daddaɓe wurin, a ja layin da zurfin kamar yatsa ɗaya, a ɗauka tsakanin bakwai da tara na safe lokacin da rana ke gefe, inuwa ta kwanta cikin ramin. A yanka siffar a kwali, duk sanda za a sake ɗauka a ɗora a bi, in ba haka ba edita zai tarar da zane iri biyar.

Daga sha ɗaya zuwa uku kada a ɗauki fuska a waje. Rawani da malafa suna rufe ido da inuwa, barkwanci kuwa a ido yake. In dole ne, mutum biyu su riƙe farin zanin gado daga ƙasa ya mayar da haske. Kuma a rage kusanto da kyamara. Gasar a ɗauke ta da faɗi, su biyun da taron duk a ciki, tun daga farko har ƙarshe ba yankewa, sau uku. Bayan nan a bi fuskoki ɗaya-ɗaya: mai gari, bafade, tsohuwa, kowa daƙiƙa ashirin yana sauraro kawai. Waɗannan fuskokin su ne ke ceton edita in wata magana ta mutu.

Baba Audi Sauti:
Ɗana Sagir, hoto mara kyau ana haƙuri da shi, amma in ba a ji kalmar ƙarshe ta zancen ba, ba dariya. Makirfon maƙalawa biyu, na Imam da na Zurƙe, sai bum ɗaya, wato makirfon da ake riƙewa a kan sanda, don sauran. Kada a sa musu shadda mai sitati, ƙarar gogarta kaɗai za ka ji. Saƙi ko tsohon yadi mai laushi ya fi, dama shi ya dace da zamanin. Wutsiyar rawani in ta sauko kan makirfo murya dushewa take, a maƙale ta ta baya. In lokacin hunturu ne a sa wa bum rigar gashi saboda iska. Ma'aunin sauti ya riƙa kaiwa wajen -12, don Imam zai yi ihu ba zato, in ka cika shi fashewa zai yi, kuma fasasshen sauti ba ya gyaruwa.

Taron kuma, lokacin da manyan ke magana baki kawai za su riƙa motsawa. In an gama sai a tara su a naɗi gunaguni daban, dariya daban, ihun kora daban, kowanne rabin minti, sa'annan minti ɗaya kowa ya yi tsit a naɗi iskar wurin. Kafin ranar a je a ji ƙauyen da kunne: ina injin markaɗe yake, ƙarfe nawa ake kunna shi, ina hanyar babura. Lokutan kiran salla a tsara hutu a kansu.

Don Allah a bar dariyar gwangwani da ƙarar katun ɗin nan da ake liƙa wa kowace faɗuwa. A kira mai kalangu, ya kalli fim ɗin bayan an haɗa, ya riƙa ba da amsa da kiɗa. A yi takarda da shi cewa an biya. Kiɗan da aka tsinto a intanet YouTube na gane shi, kuɗin tallan ya tafi wurin mai shi.

Sagir Fagge:
Na gode Baba. To wurin dukan fa, tunda shi Ustaz ke tsoro?

Hadiza Mai Kyamara:
Ba sai an nuna shi ba. Taron ya yunƙura, a yanka zuwa rawani yana warwarewa a ƙasa, ƙura na tashi, ihu na nisa. Mutum goma sha biyar sun isa cika hoto in an matse su. Sandunan kara za su riƙe, yara a baya. A ɗauki wannan a ƙarshen yini, kuma a tanadi riga da rawani iri ɗaya guda biyu, don ta farko ba za ta sake moruwa ba. Mai kwantiniti kuma, wato mai lura da daidaiton kaya daga ɗauka zuwa ɗauka, ya zaga kafin kowace ɗauka: jarka mai ruwan ɗorawa, butar roba, silifas, leda, rufin kwano, wayar wuta, agogon hannu. Ɗaya daga ciki ya isa masu sharhi su manta da fim ɗin su koma kansa.

Lawwali Damagaram:
Me zai hana a huta da wahalar kayan da, a kawo labarin yau? Malamin TikTok mai mabiya da yawa ya kara da alaramman zaure, masu sharhi su zama 'yan ƙauyen.

Barista Nafi'u:
Zai yi daɗi Lawwali, amma haɗarinsa ya ninka, don kowa zai ce wane ake nufi. A 2022 kotu a Kano ta yanke wa wasu 'yan TikTok biyu bulala ashirin-ashirin da tara saboda barkwancin da suka yi da gwamnan lokacin. Tun kafin nan, a 2008, an ɗaure marigayi Rabilu Musa Ibro wata biyu kan Ibro Aloko. Mai barkwanci a Kano ba shi da rigar kariya.

Amma akwai abin da ya riga wannan, kuma ba wanda ya taɓo shi: littattafan nan da masu su. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022 ta ba rubutun adabi kariya har shekara 70 bayan ƙarshen shekarar da marubucin ya rasu. Abubakar Imam, marubucin Ruwan Bagaja, ya rasu a 1981, ke nan sai ƙarshen 2051. Abubakar Tafawa Ɓalewa, marubucin Shaihu Umar, ya rasu a 1966, sai ƙarshen 2036. Hajiya Balaraba Ramat Yakubu kuwa, marubuciyar Alhaki Kuykuyo Ne, ita za a tambaya da kanta. Tsufan littafi ba ya mayar da shi na kowa.

Sagir Fagge:
Ranka ya daɗe, an ce dokar ta halatta kwaikwayon ba'a.

Barista Nafi'u:
Ta halatta, amma a fahimci me ta halatta. Sassaucin na wanda ya ɗauki ɗan abu daga aiki don ya yi masa shaguɓe ko ya soki wani abu da shi ne, kuma ana duba manufar amfanin, da irin aikin, da yawan abin da aka ɗiba, da ko zai rage wa na asali kasuwa. Abin da Malam Ɗanjuma ya tsara ba shaguɓe ga Ruwan Bagaja ba ne. Abubakar Imam ne ya rubuta abin dariyar, ku kuma za ku ɗauke shi a kyamara da sunayensa. Wannan juya littafi ne zuwa fim, izini yake so. A rubuta wa kamfanin ɗab'i na NNPC na Zariya da ke buga shi, a kuma tuntuɓi magada, don sai an ga yarjejeniyarsu za a san a hannun wa haƙƙin fim yake. Takardar ta faɗi wane ɓangare, tsawon fim, inda za a nuna shi, shekara nawa, da yadda za a raba kuɗin talla.

Malam Ɗanjuma:
In izini ya gagara akwai wata ƙofa. Abubakar Imam da kansa ya faɗa cewa dabarar mutum biyu masu yi wa juna wayo daga Muƙamatu Hariri ya samo ta, wato Abu Zaidu da Harisu, kuma wannan aron na cikin abin da manazarta suka daɗe suna muhawara a kai. Hariri ya rasu a 1122, muƙama hamsin ya bari, ana karanta su a zaurukanmu har yau. Ɗauki ɗaya ka ba ta rigar Hausa. Sai dai ba Zurƙe, ba jinjirin wata, waɗannan sai da izini.

Lawwali Damagaram:
To Shaihu Umar fa? Ni ina ganin akwai dariya a fada. Fadawan da suka yi wa Makau, mijin uwar Umar, hassada, suka kai shi gaban sarki da sharrin ya ɓoye bayin da ya kamo a hari. Munafuncin fada ai ba ya tsufa.

Hajiya Turai:
Ƙanena, tsaya ka duba me ake ƙirgawa a wurin. Mutane ne. Da zarar fadawa sun fara cacar baki kan guda nawa aka kamo, mai kallo na dariya, waɗanda aka ɗaure a bayan hoto sun zama kayan ado. Dama babbar muhawarar da ake yi kan littafin ita ce ya nuna zafin bauta, uwa ta bi ɗanta har ita ma aka bautar da ita ta kai Tarabulus, amma ya bar abin a matsayin ƙaddara. In ka ɗora barkwanci a kan haka, ka ƙara wanke abin da ake tuhuma. Kuma akwai gidajen da har yau ake yi wa gori da asali in maganar aure ta taso. Adamu Halilu da ya yi fim ɗinsa a 1976 sama da awa biyu ya ba shi, ba da wasa ya ɗauke shi ba, shi ne aka gyara aka nuna a bikin fina-finai na Balin, ƙasar Jamus, a 2018.

Lawwali Damagaram:
Hajiya, in kyamara ta zauna a fuskar ɗaya daga waɗanda aka kamo fa? Shi kaɗai ne mai hankali a wurin, yana kallon manya suna rantsuwar ƙarya a kansa.

Hajiya Turai:
Hakan zai iya yi, amma ya tashi daga camama ya koma dariya mai ɗaci, kuma sai darakta da ɗan wasa sun ƙware ƙwarai. Kuskuren daƙiƙa biyu a wurin yanka ya isa dariyar ta koma kan wanda aka ɗaure. Mai farawa ya bar shi.

Alhaki Kuykuyo Ne ya fi sauƙin shiga. Ɗauki safiya ɗaya kawai: uwargida Rabi da 'ya'ya tara, mijinta Alhaji Abdu na ƙirga kuɗin cefane kamar ana cire masa haƙori, alhali wurin amaryarsa Delu hannunsa a sake yake. Tsakar gida ɗaya, yini ɗaya na ɗauka. Tarkon da ke ciki biyu ne. Na farko, 'yan wasanmu sun saba da masifaffiyar uwargida, in ba a riƙe mai fitowa a Rabi ba za ta koma can, mai kallo ya tausaya wa Alhaji. Na biyu, Delu za ta fi kowa ba da dariya, fim ya zama na kishi tsakanin mata biyu, namijin ya sulale. Littafin kuwa, tun fitowarsa a 1990 lokacin da ake yi wa irinsa laƙabin adabin kasuwar Kano, a kan sakacin maigida ya tsaya. Don haka Delu ma kada ta fito. A ji ta a bakinsa, a ga ledar tsarabarta a hannunsa yana ɓoyewa a bayan riga. Yaran kuma ba sai tara sun yi magana ba, biyu sun isa, sauran a jera su da kwanuka.

Barista Nafi'u:
Ko wanne aka zaɓa, in a Kano za a yi aikin a bi ta Hukumar Tace Fina-finai tun daga rubutu, kada a ce ai YouTube ne. A 2025 hukumar ta dakatar da fina-finai masu dogon zango 22 saboda sakin su ba tare da an kawo mata ta duba ba. Duk wanda fuskarsa ta fito ya sa hannu a takarda, yara kuma iyayensu su sa.

Ustaz Kabiru:
Ni har yanzu da saura. Ko an bi duk abin da aka faɗa, wani zai yanko daƙiƙa talatin na korar Zurƙe ya watsa a WhatsApp ba farko ba ƙarshe.

Hadiza Mai Kyamara:
Ba a hana yanka, amma ana iya sa yankan ya ƙi yi masa amfani. Duk hoton da taron ya taso wa Zurƙe, Imam ya kasance a cikinsa, a tsakiya, yana tura kajin sadaka cikin buhu. A tsakiya na ce, don in an mayar da hoton na tsaye saboda TikTok gefe da gefe ne ke tafiya. Tsohuwar nan kuma ta faɗi maganarta a daidai wurin, cewa wanda kuke kora shi ne mai karatun, a kan ihun, ba bayansa ba. Sa'annan ku riga kowa sakin gajeren yanki naku.

Ustaz Kabiru:
Wannan ya rage. Amma a ba alaramma ɗaya rubutun ya karanta kafin a kunna kyamara, ba bayan an gama ba.

Sagir Fagge:
In an yi minti bakwai fa, tunda gasar ce kawai mai daɗi?

Malam Ɗanjuma:
YouTube ba ya barin a sa talla a tsakiya sai bidiyo ya kai minti takwas, wannan lissafin furodusa ne. Amma kada a ja shi don talla. In ka cire minti ɗaya da rabin farko, mai kallo bai ga Imam na damfara ba, korar Zurƙe za ta zama abin da Ustaz ke gudu. In ragewa za a yi, a rage daga isowar Zurƙe: gaisuwa biyu ta isa, ba sai an tambayi gajiya da iyali da damina ba. Rubuta shafi goman ka turo nan, Barista ya duba sunaye, Ustaz ya duba karatun ƙaryar.